Durumin Mai Unguwa

Kwanakin baya wasu samari suka same ni zaune a bakin shagon kayan keke na unguwar Gangare, suna hirar aikin gwamnati. Ɗaya daga cikinsu, jikan wani abokina, ya dube ni ya ce, "Baba Sabo, ku kam kun ci banza. Wai aikin kwamitin unguwa! A shimfiɗa tabarma, a raba goro, tsofaffi su yi ta surutu, kai kuma ka rubuta, wata ya yi ka je ka karɓi albashi." Sauran suka bushe da dariya. Ban ji haushi ba, domin ni ma haka na zata ranar da aka ɗauke ni. Na ce su matso cikin inuwa in ba su labari. Abin da na gaya musu shi ne na ga ya dace in rubuta, saboda waɗanda ba sa wurin.

An ɗauke ni aiki a sashen raya al'umma a nan Azare a zamanin soja, lokacin da kantoma ke riƙe da ƙaramar hukuma. Kowace unguwa tana da kwamitinta: mai unguwa, liman, wasu 'yan kasuwa, wani ma'aikaci, da wakilin samari. Kwamitin ba shi da ikon komai. Ba ya kama mutum, ba ya ba da kwangila, ko buhun siminti ba zai iya sa a fitar daga sito ba. Shawara kawai yake bayarwa: ga inda ya kamata a kafa famfo, ga bolar da ta dami jama'a, ga lungun da ruwa ke kwanciya. Mu kuma aikinmu mu tara su, mu saurara, mu kai maganarsu sakatariya, mu dawo musu da amsa, mai daɗi ko marar daɗi. Mu ne ɗan aiken da ke tsakanin saurayi da budurwa, duk ɓangaren da ya ji haushi a kanmu yake hucewa.

Wanda na koyi aiki a hannunsa shi ne Malam Ya'u, mutumin Gololo, dogo, siriri, mai magana ƙasa-ƙasa kamar yana tsoron tada jariri daga barci. Ranar farko ya jera mini kayan aiki. Ga baƙin keken hukuma a jingine da bango, ga jakar fata, ga littafin rubuta bayanin taro, ga takardar kabon, ga tafireta mai cin harafi ɗaya, ga tsohuwar lema, ga kuma ƙullin goro a cikin ganye. Ya ce, "Sabo, wanne ne babba a cikinsu?" Na nuna tafireta. Ya girgiza kai, ya ɗaga ƙullin goron ya ajiye a gabana. Daga nan idonsa ya kai kan aljihun rigata, inda wani ɗan littafin soyayya da na hayo a bakin tasha ya leƙo. Na yi sauri zan tura shi ciki. Ya ce, "Bar shi. Ci gaba da karantawa. Wanda ya san yadda ake jiran amsar budurwa zai iya jiran amsar dattijo." Tun daga ranar, in yana son tsokanata, Sarkin Masoya yake kirana.

Taron farko da na bi shi na maganar famfo ne, a wata unguwa ta bayan kasuwa. Na zauna da biro a hannu ina jiran a fara, sai na ga Malam Ya'u ya durƙusa gaban mai unguwar, ya zaɓi goro mafi girma ya ba shi, ya yi ta tambayarsa lafiyar shanunsa da ke Dambam. Da aka buɗe taro da addu'a, bai waiwayi mai unguwa ba. Wakilin samari ya fara kira, sannan ma'aikaci, sannan 'yan kasuwa, sannan liman. Mai unguwa yana ta cin goronsa, sai a ƙarshe ya yi magana. A hanyar komawa na ce, "Malam, ba raini ba ne a bar babba sai ƙarshe?" Ya ce, "A garin nan in babba ya yi magana, magana ta mutu. Kowa zai ce haka ne, ranka ya daɗe, don kara. Ranar gayyar haƙa ramin famfo kuma ba za ka ga kowa ba sai kai da inuwarka. Ka bar ƙanana su zubar da abin da ke cikinsu, babba ya ji, ya ɗinke. Kuma in ana magana, daina kallon mai magana. Kalli wanda ya sunkuya yana zane ƙasa da tsinke. Shi za mu je wa gaisuwa gobe."

Haka muka yi ta yi shekara da shekaru. Masu zuwa mana ba sa zuwa da fara'a. Wannan rariyar maƙwabcinsa ce ke kwarara ƙofar gidansa, wancan injin markaɗe ne ya hana shi barcin rana, wata tsohuwa kuma awakin unguwa ne suka cinye mata shanya. Na tuna wasu maƙwabta biyu da suka daina gaisawa a kan indararo ɗaya, wanda ke zuba ruwa a jikin katangar ɗayan. Malam Ya'u bai kai maganar gaban taro ba. Kowace safiya sai mu biya gidan wannan mu gaisa, mu biya gidan wancan mu gaisa, ba ya cewa uffan a kan indararo. Ana nan kunya ta ishi mai indararon, ya hau da kansa ya karkata shi. Malam ya ce mini, "Taro ba wurin yanke magana ba ne, wurin shaida ne. Maganar da ba ta nuna a zaure ba, ɗanya za ta zo kan tabarma." Ni a lokacin gani nake duk wannan ɓata lokaci ne. Sai da shekarar ruwa ta zo na san abin da nake koya.

Daminar shekarar ta faɗi da ƙarfi, ta kuma ƙi ɗagawa. Gangare ita ce unguwar da ta fi kowace kwari, duk ruwan da ya sauko daga wajen tasha a nan yake taruwa. Katangun ƙasa suka jiƙe suka yi ta zubewa. Mata suna kwashe ruwa daga ɗaki da ƙwarya, rijiyoyi suka cika da ƙazanta, yara suka fara gudawa. Duk safiya muna cikin taɓo da keke a kafaɗa. Ana haka kantoma ya samo aron katafila daga masu aikin hanya, aka ce za ta tsaya ɗan lokaci kaɗan kafin ta wuce Shira. Injiniyan ƙaramar hukuma, wani matashi mai kirki, ya zo ya auna, ya ce dole a yanka babbar magudana ta fitar da ruwan zuwa fadama. Ya ce hanya biyu ce. Ko ta bi ta dandalin ƙofar gidan mai unguwa, a sare durumin da ke wurin, ko ta bi ta ƙarshen layi, a rushe shagon Obi mai kayan keke. Ya ce, "Malam, ruwa ba ruwansa da ko wacce. Ku ne kuka san mutanenku." Kantoma ya aiko cewa abin da kwamitin unguwa ya ba da shawara shi za a yi, amma a yi sauri.

Wanda bai ga durumin nan ba ba zai gane nauyin maganar ba. Mahaifin Mai Unguwa Sambo ne ya dasa shi da hannunsa tun unguwar tana gona. Ya yi girman da in ka tsaya ƙarƙashinsa da tsakar rana sai ka ji kamar ka shiga ɗakin amarya, duhu-duhu, sanyi, ga kukan kurciya. A nan ake ɗaurin aure, a nan ake raɗin suna, a nan ake sallar gawa. A nan kuma shi kansa kwamitin yake zama. Mai Unguwa Sambo dattijo ne Bafulatani, fari, mai ƙarancin magana, kullum yana kan buzunsa a gindin bishiyar, sandarsa a gefe. Tun yana yaro yake zama a wurin.

Shi kuma Obi ɗan kabilar Ibo ne, ya zo Azare yana saurayi, ya yi aure ya kawo matarsa, duk 'ya'yansa a Gangare aka yanke musu cibiya. Hausa a bakinsa ta fi ta wasunmu, har Fulatanci yana taɓawa in Fulanin daji sun kawo faci. Taya, sarƙa, birki, sili, duk wani abin keke a wurinsa muke saya. Gajere ne mai ƙiba, mai saurin fushi da saurin dariya. Shagon kuwa ba shago kaɗai ba ne. Gaba kanti, baya ɗakunan kwana, a nan yake da matarsa Maman Chika da yaransu. In aka rushe, sana'a ta tafi, makwanci ya tafi, a tsakiyar damina.

Muka fara zagayen zaure kamar yadda muka saba, amma ko'ina magana ɗaya muke tararwa. Alhaji Buba, dillalin hatsi, wanda ya fi kowa murya a kwamitin, shi ya faɗe ta a fili. Ya ce, "Malam Ya'u, kar ka wahalar da kekenka. Shago bulo ne da kwano, ana sake ginawa. Durumi fa? Waye a cikinmu zai rayu ya ga wani kamarsa? Kuma wa zai kalli idon Mai Unguwa ya ce a sare bishiyar ubansa?" Gaskiya ce ya faɗa, ba ƙarya. Mai Unguwa bai nemi kowa ya goya masa baya ba, bai ma ce komai ba. Ba ya bukata. Kowa zai yi masa kara, maganar ta faɗa kan wanda ba shi da dangi a kan tabarma. Zaure ɗaya ne Malam Ya'u bai shiga ba, na Mai Unguwa. Na tambaye shi dalili. Ya ce, "In na roƙe shi ya ce a'a, ya faɗa ke nan, ba zai janye ba. Dattijo ba a tura shi. Hanya ake share masa."

Ana gobe taro Obi ya faɗo ofishinmu, gumi na zuba, da takardun fili a hannu.

"Malam Ya'u! Ni za a yi wa haka? Ni da na haifi 'ya'ya huɗu a unguwar nan? Wa ya ba da kwano lokacin da iska ta yaye makarantar allo? Gobe zan zo taron nan, zan faɗa musu ɗaya bayan ɗaya, Alhaji Buba zan fara da shi!"

Malam ya bari ya gama, ya tura masa kujera. Ya ce, "Obi, kana son shagonka ko kana son ka yi magana?"

"Duka biyu!"

"Ɗaya ake samu. Mayar da takardun nan ƙarƙashin katifa. Gobe bayan la'asar ka share rumfarka, ka shimfiɗa tabarma mai kyau. Ka ce wa Maman Chika ta wanke randa, ta sayi sabuwar moɗa."

"In sayo lemo? Akwati guda zan sayo, mai sanyi."

"Kar ka kuskura. Lemo toshiyar baki ne. Ruwa nake so, ruwan randa kawai. In baƙi sun zo, ka ba babba da hannunka, ka koma gefe ka zauna. Ko an zagi kakanka kar ka buɗe baki."

Obi ya dube ni ya ce, "Sabo, maigidanka lafiya yake kuwa? Wane baƙo zai zo rumfata? A gindin durumi ake taro."

Malam ya ce, "Kai dai share rumfa."

Washegari da rana aka yi wani zafi mai nauyi, irin wanda kowane ɗan Katagum ya san abin da ke bayansa. Bayan la'asar kwamiti ya haɗu a gindin durumi. Ƙasa duk laka ce, ba wurin shimfiɗa, sai Alhaji Buba ya ce a koma zaurensa. Malam Ya'u ya durƙusa ya ce, "Ranka ya daɗe, kantoma zai tambaye ni ko kwamiti ya ga wuraren biyu da idonsa. Ga ɗaya mun gani. Da za a daure a taka zuwa ƙarshen layi, sai in samu abin faɗa." Mai Unguwa ya dube shi, ya dubi gabas, inda hadari ya fara yin baƙi, ya ɗauki sandarsa ya miƙe. Tunda ya miƙe, kowa ya miƙe.

Tafiyar ba ta da nisa, amma ban taɓa ganin Malam Ya'u da nawa irin ta ranar ba. Ya tsaya ya nuna wa liman katangar da ta faɗi. Ya tsaya ya gaida wata tsohuwa har da tambayar jikokinta. Muna tsakiyar layi sarƙar kekensa ta zame, keken da tura shi yake yi, ba hawa ba. Ya tsuguna yana gyarawa, yana ba da haƙuri. Alhaji Buba ya ce, "Kai Malam, jefar da akwalar nan mana, ruwa zai same mu!" Iska ta taso, ta fara kaɗa rigunan dattawa. Muna isa ƙarshen layi sama ta ɓalle kamar da bakin ƙwarya. Babu zaure a kusa, babu bishiya. Rumfar kwano ɗaya ce a buɗe, a share, da tabarma a shimfiɗe.

Haka kwamitin Gangare ya shige rumfar Obi da gudu, har da liman yana riƙe da rawani. Na ji an ce tun da Obi ya zo unguwar, Mai Unguwa bai taɓa taka rumfar ba. Ba ƙiyayya ba ce, babu dai abin da ya taɓa kai shi. Aka zauna. Maman Chika ta miƙo moɗa daga bakin ƙofa, Obi ya karɓa, ya durƙusa har ƙasa, ya miƙa wa Mai Unguwa da hannu biyu. Ya ce, "Sannu da zuwa, ranka ya daɗe."

A nan ne na gane abin da Malam ya shirya. A wurinmu, mutumin da ka zauna a tabarmarsa ka sha ruwan randarsa, ba ka tashi ka ce a rushe masa gida. Ya zama mai masaukinka, akwai amana a tsakani. Mai Unguwa ya fi kowa sanin haka. In ya sha, ya ɗaure kansa. In ya mayar da moɗar, ya gaya wa duniya inda ya dosa, magana ta ƙare. Ya karɓa. Bai sha ba, bai mayar ba. Ya ajiye ta a gaban gwiwarsa. Na karanta littattafai da yawa inda saurayi ke tsaye a ƙofar gida yana jiran ko za a fito ko ba za a fito ba, amma babu marubucin da ya taɓa sa zuciyata bugawa kamar yadda moɗar nan ta yi.

Malam Ya'u ya ce tunda Allah ya tara mu, kuma ruwa ya hana tafiya, a buɗe taro. Liman ya yi addu'a. Aka fara daga ƙasa kamar kullum, ana ɗaga murya saboda ƙarar ruwa a kan kwano. Wakilin samari ya ce shi dai abin da manya suka gani. Ma'aikacin, wani malamin firamare, ya sunkuya yana zane gefen tabarma da tsinke, ya ce maganar tana da wuya. Da aka zo kan Alhaji Buba, ya gyara murya, ya faɗi maganarsa ta bulo da kwano, amma muryar da ke cika kasuwar hatsi ranar ta zama ta mai ciwon haƙori. Ba abu ne mai sauƙi ba ka ce a rushe rumfar da ta hana ka jiƙewa. Duk da haka ya faɗa, ya ƙara da cewa ai hukuma ba za ta rasa inda za ta ba shi wani fili ba. Na dubi Obi. Jijiyar wuyansa ta tashi, ya kama gwiwoyinsa da hannu biyu kamar za su gudu. Bai ce komai ba. Wannan shi ne aiki mafi wuya da ya taɓa yi a Azare. Liman ya kawo maganar haƙƙin maƙwabci, ya kuma kawo maganar girmama abin da iyaye suka bari, ya tsaya a tsakiya.

Saura Mai Unguwa. Ya daɗe yana kallon ruwan da ke gudu a gaban rumfar, ja wur, ɗauke da kara da tsummoki. Iska ta ɗaga labulen ƙofar ciki, aka hango gado a ɗore kan bulo, yara a takure a kansa suna leƙen baƙi. Ya ce, "Obi, a nan kuke kwana?"

Obi ya dubi Malam Ya'u. Malam ya gyaɗa kai.

"A nan, ranka ya daɗe."

"Waccan ta tsakiyar, ba ita ce aka haifa shekarar da na yi ciwon ƙafa ba?"

"Ita ce, ranka ya daɗe. Chika."

Mai Unguwa ya yi wata 'yar magana da Fulatanci shi kaɗai. Ya ɗauki moɗar, ya yi bismilla, ya sha, ya sha, har sai da ya ga gindinta. Ya share gemu ya ce, "Mahaifina ya dasa durumi don mutane su samu wurin fakewa. Yau ruwa ya zo, ga inda muka fake. Sabo, rubuta. Magudana ta bi ta ƙofar gidana."

Na rubuta. Alhaji Buba ya buɗe baki, ya rufe. Obi ya fashe da kuka kamar yaro, yana ta faɗin "na gode" da harshe uku. Da ruwa ya tsagaita aka fito, Mai Unguwa ya tsaya daidai Malam Ya'u, bai dube shi ba, ya ce, "Ya'u, sarƙar kekenka ta warke?" Malam ya ce, "Da sauƙi, ranka ya daɗe." Ya ce, "To, a kula da ita. Ta iya zaɓen lokaci." A hanya na ce, "Malam, in da hadarin bai zubo ba fa?" Ya ce, "Sarkin Masoya, ni na isa in kira hadari? Tabarma kawai na sa a shimfiɗa."

Kar ku zaci abin ya ƙare da guɗa. Ranar da masu gatari suka zo, Mai Unguwa bai fito daga gida ba, kuma unguwa ta yi tsit kamar an yi rasuwa. Aka yini ana sara, katafila ta zo ta tumɓuke kututturen. Dandalin ya zama fili fetal, rana na dukan ƙofar gidan dattijon tun daga hantsi. Magudanar ta yi aiki, ruwa ya janye, katangu suka daina faɗuwa. Amma Alhaji Buba ya daina zuwa taro, wasu kuma suka daɗe suna cewa an sayar da durumin unguwa saboda baƙo. Shi kansa Mai Unguwa ya ɗauki lokaci yana amsa gaisuwar Malam Ya'u da ka kawai. Malam bai taɓa fasa zuwa gaishe shi ba. Ya ce mini, "Wanda ka sa ya yi kyautar da ta fi ƙarfinsa, ka bar shi ya ji haushinka. Haƙƙinsa ne."

Abu ɗaya Malam ya yi ranar saran. Kafin a kai bishiyar ƙasa, ya sa aka yanko masa reshe miƙaƙƙe mai kaurin dantse, ya ɗora a keke ya kai wa Obi. Durumi ba ya bukatar iri, reshe ake kafawa ya kama. Obi ya haƙa rami a gaban rumfarsa ya kafa shi, ya kewaye da ƙaya saboda awaki. Duk rani Maman Chika na ba shi ruwa daga randar nan. Kwamiti kuma, da ya rasa wurin zama, sai ya koma rumfar Obi, har aka wayi gari an ba shi kujerar wakilin 'yan kasuwa, inda ya rama duk shirun da ya yi ranar ruwa.

Wata rana da yamma ina wurin ana yi mini faci, sai ga Mai Unguwa yana tafe a hankali. Bai yi wa kowa magana ba. Ya tsaya gaban dashen, wanda ya fitar da ganye jajaye masu sheƙi, ya jingina sandarsa a jikinsa ya gwada tsawo. Ya ce, "Obi, ruwan ya yi yawa, za ka ruɓar da shi." Ya juya ya tafi. Daga nan ya mayar da abin al'ada, lokaci-lokaci sai ya zo ya gwada da sanda, ya yi faɗa, ya tafi. Dashen ya wuce sandar, ya wuce rawaninsa, amma Allah bai nufe shi da zama a inuwarsa ba. Ranar jana'izarsa Obi ya rufe shago. Bai shiga sahu ba, tunda ba addininsa ba ne. Da muka isa maƙabarta muka tarar da shi can gefe da garwa biyu a kan keke. Shi ya kawo ruwan da aka kwaɓa ƙasar rufe kabarin.

Malam Ya'u ya yi ritaya ya koma Gololo, can ya rasu. Ni na gaji keken da ƙullin goron. Obi ya tsufa ya koma garinsu, ɗansa ne ke riƙe da shagon yanzu.

Da na kawo nan, jikan abokin nawa ya ɗaga kai ya kalli rassan da suka rufe mu, suka rufe rumfar, suka miƙa har tsakiyar layi. Daidai lokacin ɗan Obi ya fito da ruwa a moɗa, ya miƙa wa yaron tunda shi ne kusa. Ya karɓa, ya riƙe da hannu biyu, ya tsaya yana kallonta.

Na ce, "Sha mana. Kai ba a ce ka yanke komai ba."